Wai me ya kai Lupita wasan daɓe bayan ta ci Oscar?

Ɗan Fagge:
Salam jama'a. Jiya na sake kallon Black Panther da ƙannena sai na shiga duba tarihin Lupita Nyong'o, wadda ta fito a Nakia. Abin da ya ɗaure min kai, ta ci Oscar a 2014 da fim ɗin 12 Years a Slave, duniya ta san ta, amma maimakon ta ci gaba da kwasar manyan finafinai sai ga ta a New York tana wasan daɓe a gaban ƴan kallo. Wannan ba ci baya ba ne? Ko akwai kuɗi a ciki ne ban sani ba?

Maman Iman:
Wa alaikumus salam. Ɗan Fagge ai can gidansu ne ta koma. Tun a Nairobi tana yarinya take hawa dandamali, kuma digirinta na biyu a fannin wasan kwaikwayo ta yi shi a jami'ar Yale ta Amurka. Wasan da kake magana sunansa Eclipsed, labarin matan da wani kwamandan ƴan tawaye ya tsare lokacin yaƙin basasar Laberiya, an fara nuna shi a New York a 2015 sannan aka kai shi Broadway, wato manyan gidajen wasan daɓe na birnin, a 2016 har aka sa sunanta a takarar Tony, babbar kyautar wasan daɓe ta Amurka. Kuma ka san wa ta rubuta shi? Danai Gurira, Okoye ɗin nan mai aski ƙwal da mashi a Black Panther ɗin da ka kalla jiya.

Abbati_Zariya:
Ni dai maganar kuɗi babu ita, Broadway ba za ta biya abin da Disney ke biya ba. Amma malam duba abin da aka ba ta bayan Oscar ɗin mana. Star Wars na 2015 ko fuskarta ba a gani ba, ɗige-ɗige aka manna mata a fuska kwamfuta ta mayar da ita wata ƴar tsohuwar halitta mai tabarau, Jungle Book kuma murya kawai ta yi, uwar kerkeci. Ita da bakinta ta taɓa faɗa a wata hira cewa bayan kyautar an yi ta kawo mata tayin ta sake fitowa a baiwa. To in kai ne ya za ka yi, ka zauna jiran su ko ka je inda za ka nuna abin da ka iya?

Malam Drama:
Ku da ba ku taɓa hawa dandamali ba ba za ku gane ba wallahi. Ina aji biyar a sakandare aka ba ni sarki, na sha rawani na zauna, waziri ya faɗi gaisuwa ya gama bayaninsa ya zuba min ido, kaina ya ɗauke ɗif, layi ɗaya na kasa tunawa, ga iyayen yara cike da zaure ga shugaban makaranta a kujerar gaba, ƙarshe dogari ne ya cece ni ya ce sarki ya ji sarki ya gode. A fim darakta zai ce a sake, ko sau goma ne. Can babu a sake. Su kuma a Broadway sau takwas a sati ake yi, kullum ka yi kukan nan sabo fil. Wanda ya saba da wannan kyamara ba ta ba shi tsoro, ku kalli Us na 2019 inda ta fito a mutum biyu da wata murya kamar an shaƙe ta. Mu ma nan ai su marigayi Ƙasimu Yero da Samanja ba da kyamarar bidiyo suka fara ba.

Maman Iman:
Malam Drama Allah ya saka wa dogarin nan hhh. Kun manta talabijin kuma, Shuga na MTV a Kenya ta yi a 2009 kafin kowa ya san ta, shirin da daga baya ya dawo Najeriya har Rahama Sadau da Yakubu Mohammed suka fito a ciki. Abin da ya fi min ciwo shi ne littafin Americanah na Chimamanda, Lupita ta ɗau shekaru tana son ta mayar da shi fim, an kusa farawa korona ta shigo, a 2020 aka fasa.

Ɗan Fagge:
To na ji, na janye maganar ci baya. Amma Abbati tsakani da Allah, tsohuwar nan ta Star Wars ita ce? Bari in je in sake dubawa.