Karena yana firgita da ƙarar moto, yaya zan yi da shi?

Mai tambaya, daga unguwar Lazare, Yamai:

Assalamu alaikum. Watanni huɗu ke nan da kawuna ya aiko mini da kare irin na Azawak daga Abalak domin gadin gida. Tun da ya iso Yamai, duk lokacin da moto, wato babur, ya wuce ƙofar gidanmu sai jikinsa ya ɗauki ɓari, ya matse wutsiya, wani lokaci kuma ya zabura da haushi kamar zai tsinka igiya. Na ɗaure shi a bakin ƙofa yini guda don ya saba, har na taɓa dukansa, abin da nake nadamarsa, amma lamarin sai ƙaruwa yake yi. Ina neman shawararku.

Amsa daga wata ma'aikaciyar lafiyar dabbobi:

Wa alaikumus salam, Malam. Ɗaurin bakin ƙofa shi ne ya ƙara dagula al'amarin, domin kare da ya ga abin tsoro kuma ba shi da hanyar gudu, abin da ya rage masa shi ne faɗa. Ka mayar da shi can ƙuryar gida, ka nemo tazarar da zai ji ƙarar moto ya ɗaga kunne kawai ba tare da ya firgita ba. Ka sa ƙanenka ya tayar da moto daga nesa, da zarar ƙarar ta tashi ka miƙa wa karen ɗan yankin dafaffen nama, idan an kashe injin kai ma ka daina bayarwa. A hankali zai danganta ƙarar da abin daɗi, kamar yadda masanin nan na Rasha, Ivan Pavlov, ya nuna cewa kare yana haɗa sauti da abinci. Minti 5 zuwa 10 a rana sun isa, kuma kada ka rage tazarar sai ya yi kwanaki yana cin naman cikin natsuwa. Idan ya ƙi karɓa, ko ya riƙa hamma da lasar baki, to kun matso da yawa, sai ku ja baya. Kada ka ba shi kilishi ko tsire, saboda yaji, kuma albasa tana yi wa jinin kare illa.

Amsa daga wani dattijo a Tawa:

Ɗana, karen Azawak a daji ya tashi tsakanin raƙuma da awaki, kuma ɗabi'arsa ce ɗari-ɗari da baƙo. Yana buƙatar gudu, don haka ka riƙa fita da shi bayan sallar asuba kafin 'yan kabu-kabu su cika titi. Idan ya yi gurnani kada ka tsawata masa, domin gargaɗi ne yake yi, wanda aka hana shi gurnani kuwa cizo yake kaiwa ba sanarwa.

Amsa daga wata uwa a Yantala:

Malam, kafin komai ka tabbata an yi masa allurar rigakafin ciwon haukan kare, kuma ka hana yara tsokanarsa ko kusantarsa a lokacin da yake cikin firgici.

Mai tambaya:

Na gode, Allah ya saka muku da alheri. Yau da safe mun gwada daga bayan ɗakin girki, ƙanena yana can bakin titi da moto, kuma karen ya karɓi naman sau uku kafin ya kau da kai, sai na tsaya a nan. Gobe kuma zan kai shi rigakafin.