Caratterista: me za mu ce masa da Hausa?

Jama'a, a taimaka. Ina ɗan rubutu kan finafinan Italiya, sai kalmar caratterista ta tsaya min a wuya. Ita ce sunan da suke ba irin su Mario Brega: ƙato mai gemu, mahauci ne a birnin Rum kafin ya shiga fim. Darakta Sergio Leone ya sa shi a finafinansa uku na kaboyi, 1964, 1965 da 1966, kullum yana gefen mugu, kuma duk ukun sai da aka kashe shi. Daga 1980 darakta Carlo Verdone ya mayar da shi uba mai hargowa a finafinan barkwanci, mutane suka haddace maganganunsa. Wane suna ya dace da mai irin wannan sana'a? Ga yadda muka yi da jama'a:

— Malam, ai wannan yaron bos ne, me ya yi wuya?

— Ƙanina, ya dace da shi a wajen Leone. To ranar da ya zama uba mai faɗa da ɗansa fa, yaron wa kenan?

— Mataimakin jarumi muke cewa a Kannywood, shi ake kira ranar raba kyauta.

— Yaya, wannan matsayi ne a cikin fim guda. Babban jarumi ma yakan taimaka yau, gobe ya koma gaba. Shi caratterista a nan yake tsufa.

— Tunda daga carattere ta fito, wato hali, a ce ɗan hali mana.

— Haba Malam! A unguwarmu in aka ce mutum yana da ɗan hali, kowa aljihunsa yake dafewa. A bar bawan Allah ya huta a kabarinsa.

— Gishirin fim. In babu shi miya lami ce.

Wannan ta yi min daɗi a baki, zan riƙa faɗinta a hira. Amma kirari ce, kuma mawaƙi ma zai ce shi ne gishirin. Ku dubi Tiberio Murgia. Ɗan tsibirin Sardiniya ne, an haife shi a Oristano a 1929. An gano shi yana aiki a gidan abinci a Rum, darakta Mario Monicelli ya ga gashin bakin nan da ɗaga kai da lumshe ido, ya ba shi rawar mutumin tsibirin Sisili mai kulle ƙanwarsa a gida, a fim ɗin I soliti ignoti na 1958. Ko muryar da aka ji a fim ɗin ta wani ce aka ɗora masa. Shikenan, ya shekara da shekaru yana fitowa a ɗan Sisili, har ya rasu a 2010. Fuskarsa da tsayuwarsa aka saya.

Don haka a rubuce zan sa ɗan wasan siffa, jam'i 'yan wasan siffa. Mace kuma 'yar wasan siffa.

— Malam, na yarda. Sai dai Brega da kansa, in ka kira shi gishiri, da ya fi jin daɗi. Mahauci ne fa.