Manoel de Oliveira: da wane fim zan fara?

Ƴar Damagaram: Salam ƴan zaure. Malaminmu ya ambaci wani darakta ɗan Fotugal, Manoel de Oliveira, wai har ya haura shekara ɗari yana fim. Don Allah da wanne zan fara?

Kawun Zaure: Wa alaikumus salam ƴata. Haka ne, 1908 aka haife shi a Porto, ya rasu 2015 yana da shekara 106, kuma ko a 2012 sai da ya fitar da fim. Ki fara da Aniki-Bóbó na 1942, baƙi da fari ne, yaran unguwa ne a bakin kogin Douro, biyu suna kishi kan yarinya ɗaya har ɗayan ya sato mata ƴar tsana a shago. Ba shi da tsawo kuma zai shiga ranki.

Na Fagge: Ni dai roƙona ɗaya kar wanda ya tura ta wajen Le Soulier de satin na 1985, wallahi na sha wahala a kansa, wani ne ya yi ta zuga ni wai shi ne ƙarshen fim, na je wajen masu tura finafinai a waya na biya kuɗina, mutumin ya rantse min akwai fassarar Turanci a ƙasa, na dawo gida na kunna sai ga Faransanci zalla, na koma ya ce ai ba a mayar da kuɗi, na sa data na nemo fassarar da kaina ita kuma ba ta tafiya daidai da maganar. Sannan fim ɗin kusan awa 7 ne fa! wasan daɓe ne na marubucin Faransa Paul Claudel ya ɗauko, ƴan wasa su tsaya gaban zanen bango suna kallon kyamara suna ta zuba. Ban ce ba gwani ba ne amma wanda bai saba ba ka ba shi wannan ka kore shi gaba ɗaya.

Hajiyar Kumasi: Sannu, Allah ya mayar da alheri. Ni Je rentre à la maison na 2001 zan ce, awa ɗaya da rabi ne. Wani dattijo ne ɗan wasan daɓe, matarsa da ƴarsa da surukinsa suka rasu a haɗarin mota, aka bar shi da jika. Akwai inda ake hira kyamara na kan sabbin takalmansa kawai ba a nuna fuska, nan na yi hawaye.

Malam Ɗan Tarihi: Ku duba kuma, daga 1942 bai sake fim mai tsawo ba sai 1963, zamanin Salazar ne, shugaban kama-karya na Fotugal, ƴan sandan ciki ma sun taɓa tsare shi. Yawancin aikinsa bayan ya wuce shekara 60 ya yi shi.

Na Fagge: Ba Salazar kaɗai ba malam, Aniki-Bóbó ɗin bai yi kasuwa ba lokacin, kuma ɗan masu hali ne, harkar gonar inabi ya koma

Malam Ɗan Tarihi: To wa yake tace labarin kafin a ba da izini da kuɗi? Ka kalli fim ɗinsa Non na 1990 tukun, sojojin Fotugal cikin mota a dajin Afirka lokacin yaƙin ƴanci, hafsansu yana ba su tarihin kashin da ƙasarsu ta sha, har na Maroko a 1578. Mu ƴan Afirka shi ya kamata mu fara gani.

Baban Amir: Porto dai garin su Ronaldo ko?

Na Fagge: Haba yaya, Ronaldo ɗan Madeira ne, Sporting ya buga. Mourinho ne ya ci kofin Turai da Porto a 2004

Baban Amir: Da Deco a tsakiya, kai wannan ƙungiya!

Kawun Zaure: Jama'a a kai ƙwallo ɗaya zauren don Allah.

Ƴar Damagaram: Na gode kawu. Hajiya naki da Faransanci ne ko? In haka ne ni ba na buƙatar fassara

Hajiyar Kumasi: E ƙanwata, a Paris ma aka yi shi. Amma wajen ƙarshe akwai Turanci kaɗan, inda ɗan fim ɗin Amurka John Malkovich ya fito a matsayin darakta.