Kamara, editin da ba da umarni: in riƙe duka ko in zaɓi ɗaya?

Ɗan Tudun Wada:
Assalamu alaikum. Shawara nake nema wajen manya. Shekara 6 ke nan ina harkar fim a nan Kaduna. Da riƙon fitila na fara a lokeshan, maigidana ya ga ina da ido, ya ɗora ni kan kamara. Editin kuwa a wani shago a Kawo na koya, da dare, bayan masu shagon sun tashi. Yanzu wani furodusa ya ba ni fim mai dogon zango na YouTube, ya ce ni zan ba da umarni, in ɗauka, in kuma haɗa, kuɗin aiki ɗaya. Raina na so, amma gabana na faɗuwa. A aikin da na yi ni kaɗai a baya, sai da na zauna gaban kwamfuta na ga kofin shayi a hannun daman jarumar, da kamara ta juyo kuma yana hagu. Ba wanda ya lura, domin idona na kan haske.

Baba Edita:
Wa alaikumus salam. Yaro, taura biyu ba ta taunuwa. Sanin ayyukan nan duka alheri ne: daraktan da ya taɓa editin ba ya barin lokeshan bai ɗauki hoton kusa ba, don ya san inda zai yanka. Amma yin su a rana ɗaya shi ne matsalar. Idonka na cikin kamara, wa zai saurari yadda jarumi ya furta magana? Wa zai ji ƙarar janareta ta shiga sauti? Karɓi umarni da editin, ka sa a ɗauko mai kamara da mai kontiniti, wato mai lura kada irin abin kofin shayin nan ya faru.

Maman Hanifa:
Ƙanena, kar ka ji tsoro. Ali Nuhu jarumi ne, darakta ne, furodusa ne a kamfaninsa na FKD, kuma a 2024 aka ba shi shugabancin Hukumar Finafinai ta Nijeriya. Falalu Ɗorayi yana rubutawa, yana ba da umarni, yana fitowa. Rahama Sadau, 'yar garin nan, daga fitowa ta kai ga shirya nata. Ni kuɗin ne ya tsaya min a rai. Kwalliya nake yi, an sha haɗa min da kula da sutura a biya ni na ɗaya. Kowane aiki a rubuta kuɗinsa daban kafin ka kunna kamara.

Ɗan Tudun Wada:
Na gode Baba, na gode Anti, Allah ya saka da alheri. Gobe zan sami furodusan a Unguwar Sarki da wannan sharaɗin. Baba, in ya ce kuɗin mutum ɗaya kawai zai iya ƙarawa, mai kamara zan nema ko mai kontiniti?