Neman shawara: wace lamba ce ta dace da ƙunar ruwan batir a ƙwauri?

Daga wata sabuwar ma'aikaciyar ɗakin kati, Gombe:

Assalamu alaikum iyayena da yayyena a wannan aiki. An kawo mana wani yaro mai koyon gyaran batirin mota, wanda ruwan batir ya fallatso masa a ƙwaurin hagu suna cikin aiki a gareji. Maigidansa ya yi ta kwarara masa ruwa kafin su iso, kuma likita ya rubuta cewa fatar ta yi ja, tana raɗaɗi, amma ba ta yi bororo ba, faɗin wurin kuwa bai kai tafin hannu ba. Da na buɗe littafin ICD-10, wato kundin lambobin cututtuka da raunuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda da shi muke aiki, na ga T24.1 da T24.5, sannan na ci karo da T24.532A a intanet, wadda babu ita a littafinmu. Ina roƙon a nuna mini wadda ta dace da kuma dalilinta, don in riƙe.

Amsar wani dattijon jami'in bayanan marasa lafiya, Bauchi:

Wa alaikumus salam 'yata. Lambarki ita ce T24.5. Rukunin T24 ya ƙunshi ƙafa daga ƙugu zuwa ƙwauri, ban da idon sawu da abin da ke ƙasa da shi, kuma an raba shi gida biyu. Daga .0 zuwa .3 na ƙunar zafi ne, wato wuta, tafasasshen ruwa, lantarki da makamantansu; daga .4 zuwa .7 kuwa na ƙunar da sinadari ya ci fata ne. Ruwan batir asid ne, saboda haka gida na biyu za ki shiga. A can .4 na ƙunar da ba a faɗi matakinta ba ce, .5 mataki na farko inda fata ta yi ja kawai, .6 mataki na biyu mai bororo ko saɓulewar fatar sama, .7 kuma wadda ta cinye kaurin fatar gaba ɗaya. Haka za ki yi da kastik soda na masu haɗa sabulu, da ɗanyen siminti da ke shiga takalmin magina ya kwana yana cin ƙafa, waɗanda a wajenmu sun fi ruwan batir kawo mutane. Kada ki bar lambar musabbabi: tunda tsautsayi ne, ki ƙara X49, lambar wurin faruwa kuma 5, ta wuraren kasuwanci da sana'a, domin garejin sana'a a nan ya faɗa. Da watsa masa aka yi da gangan, da X86 ce, kuma wannan bambanci yana iya kaiwa har gaban alƙali.

Amsar wata nas:

Ƙanwata, abin da Baba ya faɗa daidai ne, sai dai ina so ki kula da ranar da aka rubuta bayanin. Ƙunar sinadari tana yawan ɓoye zurfinta a ranar farko, musamman ta soda da siminti, waɗanda ke ci gaba da ratsa fata bayan an zaci an wanke su. Na sha ganin ƙafar da muka sallama da ja kawai ta dawo washegari da bororo cike da ruwa. Idan yaron ya dawo wankin ciwo kuma likita ya rubuta mataki na biyu, lambar ta koma T24.6. Ki kuma tambaya ko ruwan ya gangara zuwa idon sawu, don silifa yaran nan ke sawa. Idan ya taɓa can, wannan T25.5 ce, rukuni daban. Abin da likita bai rubuta ba kada ki ƙaddara shi da kanki, ki kai masa katin ya cike.

Amsar wani da ya yi kwas kan tsarin Amurka:

Malama, T24.532A ba ƙarya ba ce, amma ba ta littafinku ba ce. Ta fito daga ICD-10-CM, wanda Amurka ta faɗaɗa don kanta ta fara aiki da shi ranar 1 ga Oktoba, 2015. A cikin lambar, 3 na nufin ƙwauri, 2 hagu (1 dama, 9 ba a fayyace ba), harafin A kuma lokacin da ake tsaka da jinyar raunin. D na bibiya ne, S na abin da raunin ya bari. A tsarinsu sai an fara sa lambar sinadarin, wato T54.2X1A ga asid bisa tsautsayi. Littafin Hukumar Lafiya ta Duniya kuwa ya cire ƙunar sinadari daga rukunin T51 zuwa T65, na illar guba, don haka ba ki buƙatar T54. Ni dai ina ganin ki ƙara T32.0, ta ƙunar sinadari da ba ta kai kashi 10 cikin 100 na jiki ba.

Dattijon ya ƙara da cewa:

Ɗana, ban ƙi T32.0 ba, amma ƙari ce ta ganin dama idan an riga an san wurin ƙunar. Ba ta zama babbar lamba sai an rasa wurin. Ga ciwon da tafin hannu, wato kusan kashi 1 cikin 100, ya fi shi faɗi, ni ba na matsawa, sai in tsarin asibitinku ya nema.

Mai tambaya:

Allah ya saka da alheri, Baba, Yaya da Malam. Na koma wurin likita, ya tabbatar da cewa idon sawu bai taɓu ba, ya kuma rubuta hakan a kati. Na shigar da T24.5 da X49, na ɗora alama a katin domin in sake dubawa idan yaron ya dawo wankin ciwo ranar Alhamis.