Dokumentari na Meksiko, shekarun 1950

Ƴar Samaru: Salam ƴan uwa, don Allah wa ya san tsohon dokumentari na Meksiko, wajen 1950 zuwa 1960, mai nuna rayuwar talakawa? Ranar Litinin zan miƙa aikina.

Mai Shayi: Los olvidados, ki nema kawai.

Baban Ummi: Kai Mai Shayi kar ka kayar da yarinya, wannan ai shiri ne. Luis Buñuel ya yi shi a 1950 a kan yaran titi na birnin Meksiko, amma labari aka rubuta aka ba ƴan wasa.

Mai Shayi: To ai wahalar da ke ciki ba ta ƙarya ba ce.

Na Kurmi: Ƙanwata ki nemi Torero na Carlos Velo, 1956, amma ki ji abin da ya same ni tukuna. Bara na sayi datar dare takanas saboda shi, na zauna har ƙarfe biyu sauro na cin ƙafata, yana kaiwa rabi aka ɗauke wuta waya ta mutu, washegari na sake saukewa ashe babu fassara ko layi ɗaya, Sifaniyanci zalla, haka na kalla kamar kurma. Duk da haka wallahi ya kama ni. Labarin Luis Procuna ne mai wasa da bijimi, shi da kansa ya fito, an haɗa hotunan fili na gaske da wasu da aka sake shiryawa, kana ganin tsoro a fuskar mutumin kafin ya shiga fage, ga jama'a maƙil suna ihu. Har takarar Oscar ya shiga. Ki tabbatar akwai fassara kafin ki ƙona datarki.

Mai Shayi: Wato hawan ƙaho ne da kwat 😂

Sarkin Fawa Ƙarami: Ka kiyaye mu. Mu ba ma shiga da takobi.

Baban Ummi: Akwai Todos somos mexicanos na 1958, Nacho López ya ɗauki hoton, sai dai hukumar gwamnati mai kula da ƴan asalin ƙasa ce ta sa aka yi, ki kalla da wannan a ranki. Samun irinsu da wuya, gobarar 1982 a Cineteca Nacional, ma'ajiyar finafinai ta ƙasar Meksiko, ta cinye finafinai da yawa. Ki leƙa Filmoteca, ma'ajiyar finafinai ta jami'ar UNAM da ke birnin Meksiko.

Sarkin Fawa Ƙarami: Mai Shayi ka taɓa riƙe igiyar sa kuwa?

Ƴar Samaru: To wanne zan rubuta kenan?

Mai Shayi: Akuya ma na taɓa riƙewa, ta ja ni har kwata.