Diego Godin: ƙwarewarsa ce, ko tsarin Simeone ne ya rufa masa asiri?

Ɗan Fagge ya rubuta:

Assalamu alaikum, masana ƙwallo na wannan zaure. Tambayata a kan Diego Godin ce, ɗan bayan nan na Yurugwai da ya daɗe a Atletico Madrid. A gidajen kallo na Kano in an tashi lissafin manyan 'yan baya na 2010 zuwa 2020, Ramos da Pique da Thiago Silva da Van Dijk ake ji, da wuya a ambaci Godin. In ka kawo shi sai a ce ai tsarin Simeone, kocinsa a Atletico, ne ya rufa masa asiri, shi ya sa da ya koma Inter ta Italiya aka ga iyakarsa. Ina neman a warware mini: daga ina ya taso, me ya ci, kuma wannan magana ta tsari gaskiya ce? Sannan yaron da ke tsaron baya a filin unguwa, me zai ɗauka daga wasansa?

Baban Khalifa, Gwale:

Wa alaikumus salam, Malam. Bari in ɗauki tarihin, masu horarwa su ɗauki sauran.

An haifi Godin ranar 16 ga Fabrairu 1986 a Rosario ta Yurugwai, ƙaramin gari a yankin Colonia. Ba Rosario ta Ajantina ba, garin su Messi, mutane na yawan haɗa su. Yana yaro a gaba-gaba yake wasa. Ƙungiyar Defensor Sporting ta sallame shi, ya koma Cerro ta birnin Montevideo a 2003, a can aka mayar da shi baya. Wannan yana da muhimmanci, domin wanda ya taɓa neman raga ya san inda ɗan gaba yake so ya tsaya. A 2006 ya koma Nacional, a 2007 ya tsallaka Sifaniya wurin Villarreal. A kakarsa ta farko, ƙarƙashin Pellegrini, Villarreal ta gama La Liga a matsayi na 2, a saman Barcelona. Lokacin Simeone bai ma zo Turai a matsayin koci ba.

Atletico ta saye shi a Agustan 2010, Simeone kuma ya zo a Disamban 2011. Da ita ya ci kofin Europa sau biyu (2012 da 2018), Super Cup na Turai sau uku (2010, 2012, 2018), Copa del Rey a 2013 a gidan Real Madrid, da La Liga ta 2013/14. Ya buga mata wasa 389, ya ci ƙwallo 27.

Amma makonni shida na 2014 su ne Godin. Ranar 17 ga Mayu a Camp Nou, filin Barcelona, wasan ƙarshe na kaka, Barcelona na buƙatar nasara ta ɗauki kofi, Atletico kuwa kunnen doki ya ishe ta. Diego Costa da Arda Turan duk sun fita da rauni kafin hutun rabin lokaci, Alexis Sanchez ya ci wa Barcelona. Minti na 49 Gabi ya bugo kwana, Godin ya sa kai ya farke, aka tashi 1-1, Atletico ta ɗauki kofin da rabonta da shi tun 1996. Bayan mako guda a Lisbon, wasan ƙarshe na kofin zakarun Turai, shi ya fara cin Casillas, golan Real Madrid, da kai, har Ramos ya farke a minti na 93, Real ta ci 4-1 a ƙarin lokaci. Sai 24 ga Yuni a Natal ta Barazil, gasar cin kofin duniya: dole Yurugwai ta ci Italiya ko ta koma gida. Minti na 81, kwana kuma, Godin kuma, 1-0. Wasan da Suarez na Yurugwai ya ciji Chiellini na Italiya ke nan, cizon ya danne labarin ƙwallon har yau, kuma wannan yana ɓata mini rai.

Daga baya Inter a 2019 ba tare da an biya kuɗin sayensa ba, Cagliari a 2020, Atletico Mineiro ta Barazil da Velez Sarsfield ta Ajantina a 2022, ya sanar da ajiye takalmi a 2023. Ƙasarsa ya buga mata wasa 161, babu wanda ya kai shi.

Koci Kurna:

Alhaji ya gama da tarihi. Maganar tsari kuwa rabinta gaskiya ne, sai dai masu yin ta sun juya ta.

Simeone yana jera mutum 4 a baya, 4 a tsakiya, 2 a gaba, a matse wuri guda. Tsakanin layin baya da na tsakiya bai cika wuce taku 10 zuwa 15 ba, 'yan gefe suna shigowa ciki, a bar wa abokin hamayya gefen fili. To me zai yi da gefe? Sai ya ɗago ƙwallo sama cikin sha takwas, inda Godin mai tsawon mita 1.87 yake jiranta tare da Miranda, daga baya Gimenez ko Savic. Da haka ƙwallo 26 kacal aka ci su a wasa 38 na 2013/14, a 2015/16 kuma 18.

Abin da ba a gani a talabijin shi ne layin nan ba ya tafiya da kansa. Dole akwai mai cewa a fito, a koma, a matsa hagu. Idan mai riƙe da ƙwallo yana fuskantar raga kuma ba wanda ya matse shi, layi ya ja baya, don zai iya zura ta bayanku. Idan an matse shi ko ya juya baya, layi ya taso gaba tare. Mutum ɗaya ya makara da taku biyu, tarkon satar gida ya lalace. Godin ne mai wannan kira. Saboda haka ba tsari ne ya ɓoye shi ba, da shi aka gina tsarin.

A Inter, koci Conte mutum 3 yake sawa a baya. De Vrij ya riƙe tsakiya, aka tura Godin gefe. Na gefe a wannan tsari aikinsa daban ne: in ɗan gefensu ya haura gaba, shi zai fita har bakin layi ya tari mai gudu a fili buɗe, sannan ya ɗauko ƙwallo ya haura da ita. Mutum mai shekara 33 wanda tun asali ba gudu ne makaminsa ba, an ba shi aikin da ya fi buƙatar gudu. Bastoni, matashi mai ƙafar hagu, ya fi dacewa da wurin. Duk da haka ya dawo cikin sha ɗayan farko a ƙarshen kaka, har ya ci Sevilla da kai a wasan ƙarshe na Europa a 2020, amma aka ci Inter 3-2.

Ɗan Barca na Dorayi:

Koci, na yarda da kai a kan tare ƙwallo. Amma a faɗi gaskiya, wajen fito da ƙwallo daga baya bai kama ƙafar Pique ba. Ƙungiyar da ke tsayar da 'yan bayanta a tsakiyar fili, kamar ta Guardiola, da ya wahala a cikinta. Kuma sau biyu ya je wasan ƙarshe na zakarun Turai, 2014 da 2016, bai ɗauka ba. Wannan ne ya sa ba a jera shi da su Ramos.

Baban Khalifa, Gwale:

Ɗana, maganarka ta fito da ƙwallo daidai ce, ba zan musa ba. Ta kofi kuwa, wasan 2016 a Milan da bugun fanareti aka raba shi, ba laifin ɗan baya ba ne. Ka duba gasar cin kofin duniya ta Rasha 2018, inda babu Simeone, Tabarez ne kocin Yurugwai. Godin ne kyaftin, shi da Gimenez a baya. Masar 1-0, Saudiyya 1-0, Rasha 3-0, ba a ci su ko ɗaya ba a rukuni. Suka fitar da Fotugal 2-1, Ronaldo bai ci ba. Faransa ce ta tsayar da su 2-0, ita kuma ta ɗauki kofin. Ƙasar da mutanenta ba su kai miliyan 4 ba, ba su ko kusa da yawan mutanen jihar Kano.

Ɗan Fagge:

Na gode ƙwarai, Alhaji. Koci, saura ta yaran, wane atisaye za a ba su?

Koci Kurna:

Abu na farko tsayuwa. Kada yaro ya fuskanci ɗan gaba ƙafafu a jere, ƙirji a buɗe, domin duk gefen da aka yanke shi sai ya juya jiki gaba ɗaya kafin ya bi. Ya tsaya a karkace, ƙafa ɗaya gaba, gwiwa a ɗan lanƙwashe, tazarar kamar tsawon hannu da rabi, yana kora shi zuwa gefen fili ko zuwa ƙafar da ba ta da ƙarfi. Ido a kan ƙwallo, ba a kan rawar kafaɗa ba. Ya jira sai ƙwallo ta ɗan yi nisa da ƙafar mai ita, sannan ya sa ƙafa. Yawancin yankan da ake yi wa yaranmu daga gaggawar kai ƙafa ne.

Zubewa ƙasa don kwashe ƙwallo ya zama dabara ta ƙarshe. Filayenmu irin su Mahaha da na makarantu ƙasa ce mai tauri da tsakuwa, ga saɓule fata, ga shi in ka kuskure ka fita daga wasan har a ci ku. 'Yan kallo suna yi wa zubewa ihu, shi ya sa yara ke son ta, amma sau da yawa alama ce ta cewa tun farko ba ka tsaya inda ya kamata ba.

Na biyu aiki tsakanin mutum biyu na tsakiya. Ɗaya ya fita tarar ƙwallo, ɗayan ya ja baya taku 4 zuwa 5 a karkace, 'yan gefe su matso ciki. Kada su fita tare, kada kuma su tsaya kowa na jiran ɗan'uwansa. Wanda zai fita ya kira sunansa da ƙarfi. Atisayen: 'yan baya 4 da gola, a sako musu mutum 6 a rabin fili, minti 4 a huta minti 2, sau 4. Duk lokacin da layi ya karye koci ya hura usur, kowa ya tsaya inda yake, a nuna wanda ya makara. Makon farko a yi shi a hankali, har da tafiya, kafin a ƙara sauri.

Na uku ƙwallon sama, inda Godin ya fi kowa. Ba tsawo ne sirrin ba, lokacin tashi ne. Yaro ya ja baya taku 2 ko 3 ya samu wurin zabura, ya tashi da ƙafa ɗaya, ido a buɗe, baki a rufe, ya doke ta da goshi daidai gindin gashi. In tarewa ce, ya doki ƙasan ƙwallo ta tashi sama ta yi nisa ta nufi gefe, kada ta faɗo bakin sha takwas inda 'yan tsakiyarsu ke jira. In ci ake nema a kwana, ya doki samanta ta nufi ƙasa kusa da ƙafar gola. Wanda ya tsaya ƙarƙashin ƙwallo yana jira, mai zuwa a guje zai hau kansa ko da ya fi shi gajarta. Kuma a filin ƙasa kada a taɓa barin doguwar ƙwallo ta dira, domin ba ka san inda za ta yi tsalle ba.

A kula da ƙananan yara. 'Yan ƙasa da shekara 12 kada a sa su atisayen kai da ƙwallo mai nauyi, a koya musu zabura da tashi su cafe ta da hannu. Manya ma 10 zuwa 15 a zama ɗaya ya isa, sau biyu a mako, da ƙwallon da ba a cika mata iska ta yi tauri ba. Wanda ya yi karo da kai ya ji jiri ko amai, a fitar da shi nan take a kai shi asibiti, kada a zuba masa ruwa a ce ya koma.

In za a nuna musu bidiyo, a samo cikakken wasan Atletico da Juventus na Fabrairun 2019, wanda shi da Gimenez suka ci 2-0, ba guntayen da ake yankowa ba. A ce su bar kallon ƙwallo na minti 15, su bi mai lamba 2 kawai, su ƙirga sau nawa yake waiwaye da nuni da hannu kafin ƙwallo ta iso ɓangarensa.